Zuwa Ga Edita: Awa 14 Da Muka Ɓata Muna Maganin Olsa

Ya Edita,

Assalamu alaikum. Ina roƙon ka sam mini fili a wannan jarida tamu in yi magana a kan bugun zuciya, wato toshewar jijiyar da ke shayar da zuciya jini, ciwon da ya shigo gidana shekara biyu da suka wuce, ya kuma zauna. Ni malamar firamare ce, shekarata 26 ina riƙe da alli, a wani gari mai nisan kamar awa biyu daga Kano. Abin da zan faɗa a bakin gadon asibiti na koye shi, daga likitocin da suka yi haƙurin amsa tambayoyina, da abin da na bi na karanta bayan ƙura ta lafa. Na daɗe ina son rubutawa ina fasawa. Abin da ya ture ni shi ne ta'aziyyar da na je watan jiya a bayan layinmu. Magidanci ne da bai kai hamsin ba. Matarsa na kuka tana cewa, "Olsarsa ce ta taso da daddare, ya yi ta gumi yana dafe ƙirji, muka ce bari gari ya waye." Jikina ya yi sanyi, domin kalmomin nan da bakina na taɓa furta su.

Maigidana ɗan kasuwar hatsi ne, yana saro masara da dawa a ƙauyuka yana kaiwa Dawanau. Lokacin yana da shekara 54. Daren wata Alhamis ce cikin hunturu. Ya dawo daga sallar isha'i, ya ci tuwon masara da miyar kuka, yana zaune a tabarma yana duba lissafin ranar a ɗan littafinsa. Wajen ƙarfe tara da rabi na ga ya ajiye biro, ya dunƙule hannu ya ɗora a tsakiyar ƙirjinsa. Na ce, "Alhaji, lafiya?" Ya ce, "Malama, ji nake kamar an ɗora mini buhun masara a nan." Bai ce suka ba, bai ce zafi ba, nauyi ya ce. Can ya ce abin yana gangarawa kafaɗarsa ta hagu, yana hawa muƙamuƙinsa. Ana sanyin da yara ke kwana da rigar sanyi biyu, amma gumi ya karyo masa har rigarsa ta jiƙe sharkaf, ta manne a bayansa. Da na taɓa goshinsa, sanyi ƙalau. Sai ya yi amai.

Aman nan shi ya ɓatar da mu. Tun da daɗewa yakan yi kukan ƙwarnafi in ya ci yaji, don haka duk muka tafi a kan olsa ce. Na jiƙa kanwa na ba shi. Babban ɗanmu ya hau babur ya tafi kemis, ya dawo da farin ruwan nan na olsa da wasu ƙwayoyi. Inna, mahaifiyarsa, ta fito daga sashenta da ruwan tofi, tana shafa masa tana cewa ko iska ya gamu da ita a hanyar ƙauye. Ni kaina na ambaci asibiti sau ɗaya, ya ɗaga mini hannu ya ce, "Ki bari, dare ya yi, kada a tayar wa mutane hankali." Na yi shiru. Shirun nan har gobe yana cina. Haka ya kwana a zaune, ya jingina da bango, in ciwon ya ɗan sassauta mu ce alhamdu lillahi magani ya fara aiki, in ya dawo mu ƙara masa cokali biyu.

Bayan asuba ƙaninsa ya kawo mota muka kai shi asibiti. Aka auna jininsa, aka tambaye mu me ke damunsa, mu da kanmu muka ce olsa, aka rubuta olsa, aka yi masa allurar kashe ciwo aka ɗaura ruwa. Akwai na'urar awon zuciya a asibitin, na gan ta da idona a kan wani teburi an lulluɓe ta da zane, aka ce takardarta ta ƙare tun watanni. Sai wajen ƙarfe takwas wani matashin likita mai bautar ƙasa ya zo zagaye. Ya tsaya ya dubi Alhaji sosai, ya ce, "Baba, nuna mini inda ke ciwo." Alhaji ya sake dunƙule hannu ya ɗora a ƙirji. Na ga fuskar yaron ta canza. Ya aika aka kawo asfirin ya ce a tauna, kada a haɗiye, ya rubuta takarda da sauri, ya ja ƙanin mijina gefe ya ce, "Ku tafi Kano yanzu, kada ku tsaya gida ɗaukar kaya." Allah ya yi wa yaron nan albarka duk inda yake.

Ƙarfe goma sha ɗaya da rabi aka manna wa Alhaji wayoyin awon zuciya, wanda ma'aikatan asibiti ke kira isiji. Shida a ƙirji, huɗu a hannuwa da ƙafafu. Bai ɗauki minti biyar ba takarda ta fito. Awa 14 ke nan cif daga lokacin da ya ajiye biro. Likitan zuciyar ya duba takardar, ya dube ni ya ce, "Hajiya, tun yaushe?" Na faɗa masa. Bai yi mini faɗa ba, ya dai sauke numfashi, kuma na fahimci abin da numfashin ke nufi.

Da yamma, bayan an kwantar da shi, na bi likitan na ce ya yi wa Allah ya fahimtar da ni. Ya juya bayan wani kati ya zana mini. Ya ce zuciya tsoka ce, tana bugawa kusan sau 100,000 a kowace rana, kuma duk da cewa jini ne ke cike da ita, ba daga wannan jinin take ci ba. Tana da nata jijiyoyin da ke kwance a bayanta suna shayar da ita. Ɗaya ta dama, ɗaya ta hagu, ta hagun kuma ta rabu biyu: reshe ɗaya ya zagaya ta gefe zuwa baya, ɗayan ya gangaro ta gaba tun daga sama har tsinin zuciya. Wannan ta gaban, wadda suke taƙaita sunanta da LAD, ita ce ta toshe wa Alhaji. Ita ke shayar da bangon gaba na ɗakin hagu na ƙasa, wato ɗakin da ke tura jini zuwa ƙwaƙwalwa da ƙoda da duk sassan jiki. Ita ce kuma ke shayar da mafi yawan katangar da ta raba ɗakin hagu da na dama, da tsinin zuciyar. Kusan rabin tsokar wannan ɗaki da ita ya dogara.

Ya tambaye ni ko na taɓa ganin noman rani a Kadawa. Na ce ƙwarai. Ya ce to, in kanal ta toshe a can ƙarshe, fadamu biyu ko uku ne za su bushe. In ta toshe tun daga kai, duk gonakin da ke ƙasa sun shiga uku. Ta Alhaji kusa da kai ta toshe. Shi ya sa bugun zuciyar da ya kama bangon gaba ya fi wanda ya kama bangon ƙasa haɗari a mafi yawan lokuta: filin da ke ƙonewa ya fi faɗi, kuma fili ne da famfon, wato zuciyar, ba ya iya aiki sai da shi. Daga baya na ji cewa Turawa sun yi wa irin wannan toshewa laƙabi da mai sa mata takaba. Ni da na tsallake rijiya da baya, na san ba su yi ƙarya ba.

Ya nuna mini yadda ya gane. A takardar isiji akwai layuka goma sha biyu, kowanne yana leƙen zuciya ta wata kusurwa. Waɗanda aka rubuta wa V1 zuwa V4 su ne ke kallon gaba. A mai lafiya, bayan kowane tsini layin yakan sauko ya kwanta a daidai inda ya taso. A takardar Alhaji layin ya ƙi saukowa, ya yi tudu kamar kunyar gona, a duk huɗun. Ya ce duk likitan da ya ga wannan tudu a mutumin da ke dafe da ƙirji ba ya buƙatar jiran komai, ya san jijiya ta toshe gaba ɗaya. Gwajin jinin da ake kira tiroponin, wanda ke nuna tsokar zuciya ta ji rauni, yana tabbatarwa ne kawai, ba a zama jiransa kafin a fara magani. Ƙa'idar da likitocin duniya suka yarda da ita ita ce a yi wa mai ciwon ƙirji isiji cikin minti 10 da shigarsa asibiti. Minti goma, ya Edita. Mu mun yi awa uku a asibiti na farko.

Ita kuwa toshewar ba a dare ɗaya ta ginu ba. Kitse ne, wanda ake kira kolestarol, ke taruwa a cikin bangon jijiya shekara da shekaru, hawan jini da ciwon suga da hayaƙin taba suna taya shi. Wata rana sai fatar da ta rufe kitsen ta tsage, jini ya ɗauka rauni ne ya zo ya daskare a wurin, gudan jinin ya rufe hanya cikin mintoci. Daga nan agogo ya fara. Bayan kamar minti 20 zuwa 30 tsokar da aka yanke wa jini takan fara mutuwa, daga ciki tana yo waje, kuma cikin 'yan awanni mafi yawan ɓarnar ta gama aukuwa. Tsokar zuciya in ta mutu ba ta tsirowa. Tabo ne ke maye gurbinta, tabo kuma ba ya bugawa.

Hanya biyu ce ake buɗe jijiyar. Ta farko, wadda ta fi, ita ce a zura siririn bututu ta jijiyar wuyan hannu ko ta matsematsi har zuwa zuciya, a hura ɗan balan-balan a inda ya toshe, a bar wata 'yar ragar ƙarfe da ake kira sitent ta tokare wurin. Ba sabon abu ba ne, tun 1977 wani likita Bajamushe, Andreas Gruentzig, ya fara buɗe jijiyar zuciya da balan-balan a birnin Zurik na Suwizalan. Amma wannan aiki sai asibitin da ke da ɗaki na musamman da ƙwararru, kuma ana so a yi shi cikin awa biyu da gano ciwon. A ƙasarmu irin waɗannan wurare 'yan kaɗan ne, mafi yawansu a manyan birane, kuɗinsu kuma ya fi ƙarfin talaka. Hanya ta biyu ita ce allurar da ke narkar da gudan jini, irin su streptokinase, wadda ake ɗaurawa a ruwa ta shiga cikin awa guda. Wannan ba ta buƙatar wani babban ɗaki, sai likita da isiji da sa ido. Ta fi amfani a awa biyu zuwa uku na farko, amfaninta yana raguwa da tafiyar lokaci, bayan awa 12 kuma galibi ba a yin ta, domin haɗarin zubar jini ya rinjayi ribar. Da awa biyu muka makara ga ƙofar ƙarshe. Da mun tashi tun ƙarfe goma na dare, da kafin ƙarfe ɗaya muna Kano.

Akwai wani bincike da na karanta labarinsa na kasa mantawa. A 1988 aka fitar da sakamakonsa, an yi shi a kan mutum fiye da 17,000 da bugun zuciya ya kama a ƙasashe 16. Cikin waɗanda ba su sami asfirin ba, ba su kuma sami allurar ba, kusan 13 cikin kowane 100 sun rasu a makonni biyar na farko. Cikin waɗanda suka sami duka biyun, 8 ne. Asfirin kaɗai ya rage mace-macen da kusan kashi ɗaya cikin huɗu. Asfirin fa, wanda ke kan kantar kowane kemis, har da wanda ɗana ya je a daren nan. Tun kafin in fara koyarwa duniya ta san wannan, amma labarin bai iso layinmu ba.

Dare na uku a asibiti shi ne wanda ba zan manta ba. Wajen ƙarfe biyu Alhaji ya zabura ya tashi zaune, yana jan numfashi kamar wanda aka danna a ruwa. Ina jin ƙirjinsa yana ƙara kamar tukunya na tafasa, leɓunansa sun yi duhu, yana tari yana fitar da kumfa. Ya riƙe hannuna ya ce, "Malama, ki yafe mini." Na ƙwalla wa nas kira. Suka ɗaga kan gadon, suka sa masa iskar oksijin, suka yi masa allurar da ke sa fitsari. Cikin awa guda ya cika roba, numfashin ya fara daidaita. Da safe likita ya ce famfon ne ya gaza, jinin da ya kamata ya tura gaba ya koma baya ya taru, ruwa ya cika huhu. Ya ce wannan na cikin abubuwan da suka fi tsoro in bangon gaba ne ya lalace. Akwai kuma rikicewar bugu, inda zuciya ke daina bugawa ta koma karkarwa, mutum ya yanke jiki ya faɗi nan take. Ita ce ke kashe da yawa tun a gida ko a hanya a awannin farko, ita ce mafi yawan abin da muke kira mutuwar fuju'a. Wani lokaci kuma katangar tsakiya da ta mutu takan huje a kwanakin farko. Allah ya tsare mu da waɗannan biyun.

Da aka yi masa hoton zuciya, wanda suke kira eko, na tsaya a bayan likita ina kallon allon. Ko ni da ban san komai ba na ga bambanci. Bangon baya yana matsewa yana saki, na gaba kuwa da tsinin sun tsaya cik, sai dai a ja su. Ya ce zuciya mai lafiya takan fitar da kashi 55 zuwa 70 cikin 100 na jinin da ke ɗakin hagu a kowane bugu, ta Alhaji 30 take fitarwa. Ya kuma nuna mini wani ɗan dunƙule a can tsinin. Gudan jini ne. Inda bango ya daina motsi jini yakan kwanta, in ya kwanta ya daskare, in ɓarɓashinsa ya ɓalle ya haura ƙwaƙwalwa sai shanyewar ɓarin jiki. Shi ma an fi ganinsa a bugun bangon gaba. Aka ɗora shi a kan wafarin, maganin tsinka jini, wata uku muna zuwa gwaji a kai a kai har gudan ya narke.

Da ya ɗan murmure ciwon ƙirjin ya riƙa dawo masa ko da bayi ya je, sai aka tura mu Abuja. Sai da muka sayar da filin da muka ajiye wa yara. Aka sa masa sitent yana farke, ta wuyan hannu, bai kai awa biyu ba. Na tambayi likitan can ko yanzu zuciyar za ta koma kamar da. Ya ce, "Hajiya, mun tsare abin da ya rage. Wanda ya tafi a daren farko ya tafi."

Yau Alhaji yana nan da ransa, alhamdu lillahi. Amma mutumin da ke saɓa buhu shi kaɗai ya ɗora a mota, yanzu in ya hau matakala goma sai ya tsaya. Da matashi uku yake kwana. Kullum safe sai na duba ƙafafunsa ko sun kumbura, na ɗora shi a sikeli, domin an ce in nauyinsa ya ƙaru da kilo biyu cikin kwana biyu ko uku, ruwa ne ke taruwa. Ƙwayoyinsa kala shida, na saya musu 'yar roba mai gida-gida. Tukunyarmu ta canza, na rage gishiri da dunƙule har yara suka yi ta ƙorafi kafin su saba. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce kada gishirin mutum ya wuce giram 5 a rana, wato bai cika ƙaramin cokalin shayi ba, mu kuwa miya ɗaya sai mu jefa dunƙule biyar mu bi da gishiri. Azumin shekarar farko likita ya hana shi, ranar da aka ga wata na same shi a ɗaki yana hawaye. Bana da izinin likita ya yi, an gyara masa lokutan shan magani. Bayan asuba yakan taka zuwa bakin kasuwa ya dawo, minti talatin, awon baya-bayan nan kuma ya nuna zuciyar ta ɗan ƙara ƙarfi. Kasuwa dai ɗanmu ne ke zuwa Dawanau, shi yana gida da waya da littafin lissafi.

Da na waiwaya sai na ga ciwon ya yi sallama kafin ya shigo. Shekara shida da aka ce yana da hawan jini, yakan sha magani wata guda, in ciwon kai ya tafi ya ajiye. Ciwon suga a gadon asibiti muka san yana da shi. Mahaifinsa a gona ya faɗi, aka ce ajali, ba wanda ya tambayi sila. Makonni uku kafin daren nan ya faɗa mini in yana sauri zuwa masallaci ƙirjinsa yakan ɗaure, in ya tsaya ya saki. Na ce gajiya ce. Wannan ɗaurewa da ke zuwa da tafiya ta tafi da hutu, ita ce jijiya ke faɗa wa mutum ta ƙuntata. Da a lokacin muka je, da wataƙila ba a kai ga wannan wasiƙa ba.

Na yi imani da ƙaddara, kuma na san ba mai wuce kwanansa. Amma Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya sanar da mu cewa Allah bai saukar da wata cuta ba face ya saukar da maganinta. Tofin Inna bai yi laifi ba, laifinmu shi ne da ba mu yi shi a cikin mota ba. Ina roƙon malamanmu su faɗi wannan a kan mumbari, domin maganarsu ta fi ta likita shiga kunnen magidanta.

Ga 'yan'uwana mata musamman nake magana, tunda mu ne ke kusa in abin ya zo da daddare. In maigida, ko uba, ko ke kanki, aka ji nauyi ko matsi a tsakiyar ƙirji da ya wuce minti goma sha biyar bai saki ba, balle in da gumi mai sanyi, ko amai, ko ƙarancin numfashi, ko yana tafiya hannu ko wuya ko muƙamuƙi ko baya, kada a jira gari ya waye, kada kuma a saurari "ki bari". A ta da maƙwabci mai mota. Kada mara lafiyar ya tuƙa kansa, kada a sa shi tafiya da ƙafa. A ba shi asfirin miligiram 300 ya tauna, ko ƙananan nan na 75 guda huɗu, sai fa in an san jikinsa ba ya karɓar asfirin, ko yana aman jini, ko bayan gidansa ya yi baƙi kamar kwalta. Sauran magungunan ciwon jiki ba sa maye gurbinsa. In an isa asibiti kada a ce olsa. A faɗi abin da aka gani da lokacin da ya fara, a ce ana so a yi isiji. In na farko bai nuna komai ba ciwon kuma yana nan, a roƙa a maimaita, domin wani lokaci tudun ba ya fitowa da wuri. In babu na'urar a nan, a tambayi inda take a wuce. Gaskiya ne ba kowane ciwon ƙirji ne zuciya ba, olsa ma tana nan tana wahalar da mutane. To amma in an je aka ce olsa ce, kuɗin mai da barcin dare ɗaya aka yi asara.

A kuma sani cewa mata da tsofaffi da masu ciwon suga sau da yawa abin ba ya zo musu da wannan nauyin ƙirji sosai. Wata sai dai kasala ta rufe ta farat ɗaya, da tashin zuciya, da haki, da ciwo a saman ciki. Irin waɗannan su aka fi sallama da maganin olsa. In kuwa mutum ya faɗi ba ya amsawa ba ya numfashi, yayyafa ruwa da fifita ba za su dawo da shi ba. A kwantar da shi rigingine a ƙasa mai tauri, a ɗora hannu biyu a tsakiyar ƙirji a riƙa dannawa da ƙarfi da sauri, sau 100 zuwa 120 a minti, ba tsayawa har a sami taimako. Wata nas ce ta koya mini a kan matashi, ni kuma na koya wa malaman makarantarmu.

Masu kemis, ku ne asibitin dare na talaka, kowa ya sani. Ba na neman ku zama likitoci. In an zo muku da labarin magidanci mai ciwon ƙirji da gumi, ku yi tambaya biyu ko uku kafin ku miƙa kwalba, ku ce a tafi asibiti yanzu. Ga hukumomin lafiya na jihohinmu kuma, Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta cewa cututtukan zuciya da jijiyoyin jini sun kashe mutum miliyan 17.9 a 2019, fiye da kashi uku cikin huɗu a ƙasashe masu ƙarami da matsakaicin ƙarfi irin tamu. Tsohuwar maganar nan cewa ciwon zuciya na Turawa ne da masu kuɗi ta daɗe da faɗuwa. Ban ce a gina ɗakin sitent a kowace ƙaramar hukuma ba, na san aljihun gwamnati. Amma na'urar isiji mai aiki, da takardarta, da batirinta, a ɗakin gaggawa na kowane babban asibiti, wannan ba ta fi ƙarfin kowace jiha ba. Likitan da ke ƙauye zai iya ɗaukar hoton takardar ya tura wa likitan zuciya a birni ta WhatsApp, amsa ta dawo cikin mintoci. In aka ajiye allurar narkar da jini a manyan asibitocin shiyya, aka horar da masu yin ta, da mutane irin Alhaji ba sai sun yi awa biyu a kan kwalta tsokar zuciyarsu tana mutuwa ba.

Ya Edita, kowace shekara ranar 29 ga Satumba ana bikin Ranar Zuciya ta Duniya, mukan ga hoton tattaki da jawabai. Ina roƙon bana ka tura wakilanka su zagaya manyan asibitocin ƙananan hukumomi da daddare, ba da rana ba, su tambaya a nuna musu na'urar isiji, a kunna ta a gabansu, su ƙirga nawa ne suka fitar da takarda, ku buga mana adadin.

Kafin in aiko da wannan wasiƙa na karanta wa Alhaji ita, tunda sirrinsa ne. Ya saurara har ƙarshe bai katse ni ba. Da na gama ya ce in cire inda na ce shiruna yana cina, domin shi ne ya hana. Na ce wannan kam ba zan cire ba. Ya yi jim, sannan ya ce, "To ki bar maganar buhun masarar nan yadda take, 'yan kasuwa za su gane."

Wassalam.

Taku mai karatu a kullum,
Wata malamar firamare.